Madeira: Hanyar Ma'aikacin Ruwa Da Ta Koma Hanyar 'Yan Yawon Buɗe Ido

Masu kallon ƙwallo sun fi sanin Madeira da Cristiano Ronaldo, wanda aka haifa a Funchal, babban birnin tsibirin, a 1985. Filin jirgin saman wurin ma sunansa aka sa masa. Amma baƙi fiye da miliyan 2 da ke sauka a can duk shekara, da yawansu tafiyar ƙasa ce ke kai su. A bi wata siririyar hanya a jikin dutse, ruwa na gudu a 'yar magudana dab da ƙafar mutum, har a kai inda ruwa ke tsirgowa daga tsayin mita 100. Kamfanonin yawon buɗe ido suna tallata wannan da sunan shiga daji a ga halittar Allah yadda take, babu hannun ɗan Adam. Dajin kam na asali ne. Hanyar da ake takawa kuwa mutane ne suka sassaƙa ta don aikinsu, kuma ruwan da ke gefenta yana da masu jiran sa: injin wutar lantarki, gonar ayaba, famfon gida. Duk taƙaddamar da ake yi yau a tsibirin kan cunkoso da kuɗin shiga daga nan ta samo tushe.

Madeira yanki ne na ƙasar Fotugal a Tekun Atlantika, kusan kilomita 1,000 daga Lisbon, ya ma fi kusa da gaɓar Maroko. Tsawonsa wajen kilomita 57 ne, faɗinsa 22. Aman wutar dutse ne ya gina shi daga ƙarƙashin teku, ya bar wani doron duwatsu da ya raba tsibirin gida biyu daga gabas zuwa yamma, inda ƙololuwar Pico Ruivo ta haura mita 1,860. Iskar da ta fi kaɗawa daga arewa maso gabas take zuwa, ɗauke da laimar teku. Idan ta ci karo da doron nan sai ta hau, ta yi sanyi, ta zubar da ruwanta a ɓangaren arewa da kan tsaunuka. Funchal da ke kudu ruwan da take samu a shekara wajen milimita 600 ne, yayin da saman duwatsun ke samun kusan 3,000. Ga shi kuma kudun ne ke da rana, da ƙasar da za a iya nomawa, da mashigar jiragen ruwa. Ruwa yana can, mutane suna nan.

Tsibirin ba shi da babban kogi, ba shi da tafki na kirki. Rafukansa gajeru ne masu gangara sosai, ruwan sama na sauka sai su kwashe shi zuwa teku. Abin da ya ceci wurin shi ne yanayin dutsen kansa. Dutsen aman wuta hawa-hawa yake, wani hawan mai ramuka da ke shan ruwa, wani mai tauri da ruwa ba ya ratsawa. Ruwan da ya sauka a filin Paul da Serra, wani shimfiɗaɗɗen tudu mai tsayin kusan mita 1,500, yana nutsewa ƙasa, ya yi ta tafiya a hankali har ya ci karo da hawa mai tauri, sai ya ɓullo a jikin dutse a matsayin idon ruwa. Sannan ga dajin Laurisilva, mai faɗin kusan hekta 15,000, wanda hukumar UNESCO ta sa cikin wuraren gadon duniya a 1999. Ganyayen itatuwansa na tare gajimaren da ke ratsawa ta cikinsu, ruwa ya yi ta ɗiga ƙasa ko da ba a yi ruwan sama ba. Shi ya sa da rani ma idanun ruwan ba sa ƙafewa gaba ɗaya.

Turawan Fotugal sun iso a 1419, ba su tarar da kowa a tsibirin ba, kuma ba a jima ba suka fara noman rake. Rake kuwa mashayin ruwa ne, injinan matse shi ma ruwa ke juya su. Daga nan aka fara haƙa magudanan da suke kira levada, ƙananan hanyoyin ruwa da ke ɗauko shi daga ido su kai gona. Kafin ƙarshen ƙarni na 15 sukarin Madeira ya cika kasuwannin Turai, har Christopher Columbus ya zo sayen sa a 1478. Ba kowane ɗan jagora ke son tsayawa a kan wannan gaɓa ba, amma arzikin raken da gumin bayi aka tara shi: mutanen tsibiran Kanari, da na Arewacin Afirka, da waɗanda aka kwaso daga gaɓar Afirka ta Yamma. Daga baya sukarin São Tomé da na Burazil suka kashe kasuwar, tsibirin ya koma noman inabi, daga bisani kuma ayaba. Magudanan dai suka ci gaba da aiki.

Abin da ya fi ba ni sha'awa a tsarin shi ne yadda ake rabon ruwan. Ba da ganga ko lita ake auna shi ba, da awa ake aunawa. Kowane mai haƙƙi a magudana yana da sa'o'insa, kuma zagayen yana dawowa kansa bayan wasu kwanaki. Mai kula da wannan rabo shi ne levadeiro. Shi ke bin magudanar da ƙafa, ya kwashe ganye da tsakuwa, ya toshe inda ke yoyo, idan lokacin wani ya yi ya ɗaga 'yar ƙofar ƙarfe ko ya kawar da dutse da tsummokaran da aka danne bakin da su, ruwa ya karkata gonarsa. Idan rabon manomi ya faɗo ƙarfe biyu na dare, to ƙarfe biyun dare zai tashi da fitila ya shayar da shukarsa, don ruwa ba ya jiran wanda ya makara. Siririn gefen da ke bin magudanar, wanda a wasu wuraren bai wuce tafin ƙafa biyu ba, domin wannan ma'aikaci aka bar shi. Mutum ɗaya ne, ya san kowace kwana, ya san inda dutse ke santsi. A kan wannan gefen ne yanzu ɗaruruwan baƙi ke jeruwa a rana guda.

Magudanan farko gajeru ne kuma na masu gonaki ne. A ƙarni na 19 gwamnati ta shigo, musamman a kwarin Rabaçal inda aka fara aiki a 1835 don a karkato ruwan da ke gangarawa arewa a ratsa da shi cikin dutse zuwa kudu. A inda babu wurin tsayawa, da igiya ake zuro ma'aikaci daga sama cikin kwando, yana lilo yana saran dutse da diga da guduma. An yi asarar rayuka a irin wannan aiki.

Babban sauyi ya zo ne a zamanin mulkin Salazar, shugaban gwamnatin Fotugal na wancan lokacin. A 1943 aka kafa wata hukuma ta musamman don ayyukan ruwa na Madeira, injiniya Manuel Rafael Amaro da Costa na cikin waɗanda suka ja ragamar aikin. Dabarar da suka yi ita ce ƙashin bayan komai har yau. A tara ruwan tun yana can sama, wajen mita 1,000, a tafi da shi a magudana mai ɗan gangare kaɗan-kaɗan yadda ba zai yi asarar tsayinsa ba, a zuba shi a wani tanki a bakin dutse. Daga tankin sai a sako shi cikin bututun ƙarfe ya faɗo ɗaruruwan mitoci ya bugi farfelar inji. Tashar kuma ba a gina ta a bakin teku ba, an ajiye ta a tsayin wajen mita 600, domin ruwan da ya fito daga inji ya sake shiga wata magudanar ya shayar da gonakin da ke ƙasa. Ruwa ɗaya, a ci moriyarsa sau biyu, kuma injin bai rage masa ko ɗigo ba.

Lissafin wutar ruwa abu biyu ne: yawan ruwan da ke wucewa, da tsayin da yake faɗowa. Ruwa mita kubik ɗaya a kowace daƙiƙa, idan ya faɗo daga mita 100, yana ba da abin da ya kusa megawat ɗaya. Madatsar Kainji tana cin gajiyar yawa ne, ga kogin Kwara guda amma faɗuwarsa 'yan gomman mitoci ce. Madeira ta kama ɗaya ɓangaren lissafin. Ruwan da yaro zai iya tsallakewa da ƙafa, idan aka sako shi daga tsayin mita 400, ya isa ya haskaka ƙauyuka.

A 1953 aka buɗe tashoshi biyu na farko, Serra de Água da Calheta. Ta Serra de Água, wadda da fari sunan Salazar aka laƙaba mata, tana karɓar ruwan da Levada do Norte ta kwaso daga arewa, bayan ya juya inji kuma magudanar ta ci gaba da shi zuwa gonakin Ribeira Brava da Câmara de Lobos. Ta Calheta kuwa ruwanta daga magudanai daban-daban yake zuwa, kowace a nata tsayin, ciki har da na Rabaçal. Ribeira da Janela ta biyo baya a 1965, sai Fajã da Nogueira a 1971, wadda ruwanta ke faɗawa cikin Levada dos Tornos, doguwar magudanar da ta haura kilomita 100 idan an haɗa da rassanta. Funchal ta san wutar lantarki tun 1897, lokacin da wani kamfanin Ingilishi ya kafa tasha a birnin, amma ƙauyukan tsibirin sai bayan waɗannan tashoshin ruwa ne wuta ta fara isa gare su sosai.

Tsarin yana da nasa ciwon kai, wato lokaci. Da hunturu, lokacin ruwan sama a can, ruwa ya yi yawa gona kuma ba ta buƙata. Da bazara ruwa ya ja baya, manomi da famfo su ne kan gaba, inji sai abin da ya samu. Saboda haka aka gina wata tasha ta biyu a Calheta a 1992 wadda aikinta na hunturu ne kawai, ta ci rarar ruwan da da teku zai tafi. Tashar Socorridos mai megawat 24, da aka gina a shekarun 1990, ita ma haka ta fara. A 2006 aka yi mata gyaran da ya canza aikinta: aka haƙa ma'ajiyar ruwa a sama da ƙasa, aka sa famfuna. Da rana, lokacin da ake jan wuta da yawa, a sako ruwa ya juya inji. Da dare, lokacin da gari ya yi barci kuma fankokin iska da ke kan Paul da Serra na ba da wutar da babu mai buƙata, sai a yi amfani da ita a mayar da ruwan zuwa ma'ajiyar da ke sama. Haka aka faɗaɗa a sabuwar tashar Calheta mai megawat 30, da madatsar Pico da Urze mai ɗaukar ruwa kusan mita kubik miliyan ɗaya.

Dalilin wannan wahala shi ne Madeira ba ta haɗe da layin wutar kowa. Babu maƙwabcin da za a sayar wa rara, babu wanda za a ranta daga wurinsa idan an gaza. Kada kuma mai karatu ya ɗauka tsibirin da ruwa yake rayuwa ta fuskar wuta. Har yanzu kaso mafi tsoka daga tashoshin mai da iskar gas yake fitowa, irin ta Vitória, kuma abin da ruwa ke bayarwa a yawancin shekaru bai wuce wajen kashi ɗaya cikin goma ba. Darajar ruwan a yau ta fi ƙarfi a matsayinsa na ma'ajiya, wadda ke ba wutar iska da ta rana damar shiga layi ba tare da sun rikita shi ba.

Idan ana maganar gadon tarihi, wurin da ake fara nuna wa baƙo shi ne Casa da Luz a Funchal, tsohuwar tashar wutar birnin da kamfanin wutar tsibirin, EEM, ya mayar gidan tarihi a 1997. Akwai tsofaffin injina da fitilu, wuri ne mai kyau. A ganina dai gadon da ya fi wannan nauyi yana can bakin aiki, a tashoshin 1953 da har yanzu ruwa ke ratsa su, da magudanan da ke ciyar da su, waɗanda jimillar tsawonsu ake ƙiyasta ta haura kilomita 2,000.

Mu dubi tafiya biyu da suka fi suna. Ta farko ita ce ta 25 Fontes a Rabaçal, mai lamba PR6 a jerin hanyoyin da hukuma ta amince da su. Ana gangarowa daga bakin titi a kan tudu, a shiga ƙarƙashin itatuwa masu murɗaɗɗun rassa da suka yi rumfa a kan hanya. A wasu wuraren bakin magudanar ya kai ƙugu, mutum na tafiya hannunsa ɗaya a kan siminti mai sanyi, ɗaya gefen kuma waya ce da aka ɗaura a turaku, bayanta sai kwazazzabo. A ƙarshe akwai wani ɗan kududdufi da ruwa ke zubowa cikinsa ta wurare da yawa daga jikin dutse mai gansakuka. Kusa da nan ga matsirgar ruwan Risco mai tsayin kusan mita 100. Baƙo na ɗaukar hoto ya juya. Ruwan kuwa, wanda magudana ta tare, yana shiga wani ramin da aka huda cikin dutse mai tsawon kusan mita 800, ya ɓullo a kudu ya nufi injinan Calheta.

Ta biyu ita ce Caldeirão Verde, PR9, da ke tashi daga Queimadas a yankin Santana. Fiye da kilomita 6 ne zuwa, haka kuma dawowa, kuma sai an ratsa ramuka huɗu cikin dutse. Dole a riƙe tocila. Rufin gajere ne, an sassaƙa shi daidai ruwa da ma'aikaci ɗaya, don haka dogon mutum sai ya duƙa, ruwa na ɗiga a ƙeyarsa, ƙafarsa cikin taɓo. Idan ayari biyu suka haɗu a tsakiyar rami, sai wani ya manne da bango ko ya taka bakin magudanar. A 2019 duwatsu sun ɓallo daga sama a wurin da ruwan ke zubowa, suka jikkata mutane da dama da ke zaune suna hutawa.

A nan ne ɗan jagora ke da rana. Dokar tsibirin ba ta hana mutum tafiya shi kaɗai a waɗannan hanyoyi ba, kuma da yake hanyar shimfiɗe take ba hawa, mutane na raina ta. Nan haɗarin yake. Rashin hawa bai rage zurfin ramin da ke gefe ba, kuma yanayi a can yana juyawa cikin ɗan lokaci: ana rana a Funchal, sama gajimare ya rufe har ba a ganin gaba. Kusan babu shekarar da ba a jin baƙo ya faɗa kwazazzabo ko ya ɓata, sau da yawa waɗanda suka bi hanyar da aka rufe ko wadda suka gani a waya. Ɗan jagora na ƙwarai ya san wace hanya aka rufe da safiyar nan, ya san wane lokaci motocin baƙi ke sauke mutane, ya san inda ba a zama bayan an kwana ana ruwa. Na fi ganin girman wanda kuma zai tsaya a bakin tankin tara ruwa ya nuna wa mutanensa bututun da ya gangara, ya gaya musu inda yake zuwa. Wanda iyakarsa sunayen tsuntsaye da wurin ɗaukar hoto, rabin labarin ya ba su.

Cunkoson ya kai matsayin da gwamnatin yankin ta sa kuɗin shiga. A ƙarshen 2024 aka fara karɓar Yuro 3 daga baƙin da suka haura shekara 12 a wasu hanyoyi, mazauna tsibirin ba sa biya, daga farkon 2025 kuma aka faɗaɗa shi zuwa sauran hanyoyin da ke ƙarƙashin hukumar gandun daji, IFCN. An ce kuɗin na gyara da tsafta ne. Ban ga laifin wannan ba, kuma kuɗin da aka fara da shi bai kai na kofin shayi biyu a otal ba. Gyaran kuwa ba ƙarami ba ne. Ambaliyar 20 ga Fabrairu 2010 ta kashe mutane fiye da 40, ta lalata tituna da hanyoyin ruwa. Gobarar dajin Agusta 2024, wadda ta tashi daga yankin Serra de Água, ta cinye fiye da hekta 5,000, ta sa aka rufe shahararriyar hanyar da ta haɗa ƙololuwar Pico do Areeiro da ta Pico Ruivo. Bayan gobara kuma sai zaftarewar ƙasa, domin saiwoyin da ke riƙe gangaren sun ƙone, duk abin da ya zubo a magudana yake tsayawa.

Matsalar da kuɗin shiga bai taɓa ba ita ce magudanar tana da iyayen gida da yawa. Kamfanin wuta yana kula da waɗanda ke kai ruwa tashoshinsa. Kamfanin ruwa na gwamnati, ARM, yana riƙe da na ban-ruwa. Wasu na hannun ƙungiyoyin manoma masu haƙƙi tun kaka da kakanni. Hukumar gandun daji ita ce da hanyar ƙafa, da waya, da allunan nuni. Kowa da abin da ya dame shi. Injiniyan ruwa yana kallon buɗaɗɗiyar magudana ya ga yoyo da ganye da albashin mai share ta, kuma in za a bi ta lissafinsa, bututu ko rami cikin dutse ya fi masa, an ma riga an yi hakan a wasu sassan. Mai harkar baƙi kuwa ruwan da ake gani da ido shi ne hajarsa. Manomi, wanda dominsa aka fara duk wannan, shi ne ke raguwa: gonakin nan masu hawa-hawa da aka daɓe da katangar dutse, da yawansu ciyawa ta rufe, 'ya'yan masu su suna aiki a otal ko sun yi ƙaura.

Fotugal ta sa magudanan a jerin wuraren da take son UNESCO ta amince da su tun 2017, sai dai hankali ya fi karkata ga ƙalilan da ke ratsa dajin Laurisilva, waɗanda dama su ne masu farin jini. Waɗannan ba su da fargaba, akwai inji a ƙarshensu, akwai baƙi a kansu, za a ci gaba da gyara su. Waɗanda ke cikin haɗari su ne ƙananan rassan da ke bi ta bayan gidaje da tsakanin gonakin ayaba da inabi, inda babu matsirgar ruwa balle a sayar da tikiti. Reshen da masu awanni a kansa suka ragu zuwa tsofaffi uku ko huɗu, idan ƙasa ta zaftare ta cike shi, da wuya a sami mai biyan kuɗin haƙe shi. Kuɗin da baƙo ya biya a Rabaçal hukumar gandun daji ke karɓa, wannan reshe kuwa ba ya cikin hanyoyinta.